Shekarar da Muka Raba Tukunya

Mahaifiyata ce ta shugabanci ƙungiyar mata 'yan ƙwadagon gona ta Inkil, tun daga kafuwarta har ranar da Ubangiji ya kira Mama gida. Har yau idan na shiga keke na faɗi unguwarmu, ba a rasa wata tsohuwa da za ta ƙura mini ido ta ce ai ta gane ni, 'yar shugaba ce, sannan ta kama yabo har inda za ta sauka. Nakan amsa da amin da na gode. Ban taɓa ƙaryata kowa ba, don duk abin da suke faɗa gaskiya ne. Sai dai su a gona suka san ta, ni kuwa gida ɗaya na zauna da ita, kuma zama da mai gaskiya irin Mama ba abu ne mai sauƙi ba.

Daga kudancin jiha iyayena suka zo Bauchi, kafin a haife ni. Baba ya sami aikin gadi a wani ofishi a cikin gari, suka kama haya a Inkil, daga baya suka lallaɓa suka sayi ɗan fili suka ɗora ɗakunan laka biyu. Gona kam ba mu taɓa mallaka ba, ko ta shuka kuɓewa. Da Baba ya rasu sai Mama ta saɓa fartanya ta shiga gonakin mutane, daga shuka har girbi, duk aikin da aka kira ta. Gajeriya ce mai faɗin kafaɗa, ba ta iya tafiya a hankali ba. Hausarta irin ta mutanenmu ce, ba ruwanta da mace ko namiji, amma idan ta yi magana ba mai cewa bai gane ba. A majami'armu ita ake ba rabon nama ranar Kirsimeti, saboda ita kaɗai ce za ta raba a tashi ba gunaguni. Kasonmu kullum shi ne mai ƙashi.

Ni na yi aure na tafi, na yi 'yan shekaru, ciwon hanta ya ɗauke mijina. Na dawo gida da yara uku da akwati ɗaya. Mama ba ta yi dogon jawabi ba. Ta nuna mini ɗaya ɗakin, ta ƙara ruwa a tukunya, da damina ta faɗi kuma ta miƙa mini fartanya. Haka muka zauna, ni da ita muna fita ƙwadago, abin da muka samo a zuba a tukunya ɗaya.

Wanda bai taɓa ƙwadago ba zai ɗauka ladan aiki ne ke riƙe da gida. Ladan aiki a yini yake ƙarewa, a ci da yamma a wayi gari babu. Abin da ke fitar da mu rani shi ne kala. Idan aka cire gyaɗa aka tsinke, mai gona ya kwashe buhunansa, akwai wadda takan gutsure ta zauna a cikin ƙasa, ɗaya nan biyu can. Tun kaka da kakanni wannan ragowar ta matan da suka sha wahalar gonar ce. Sai mu koma da ƙaramar fartanya da ƙwarya, mu bi kunyoyin gona ɗaya bayan ɗaya muna tono. Aiki ne mai karya baya, amma mace mai himma takan haɗa abin da zai ba ta man miya da kunun yara har a ga hadarin wata daminar, ta yi ƙuli-ƙuli ta sayar ta sayi sabulu da takalmin makaranta. A gidanmu mai baki biyar, idan babu kala to miyar rani ruwan kuka ne da gishiri.

Sai gari ya fara cin ƙauye. Tsofaffin masu gonaki suka yi ta sayarwa, masu saye kuwa ma'aikata ne da 'yan kasuwa, yawancinsu masu sababbin gidaje a Gwallameji. Ranar Asabar suke zuwa, su tsaya a bakin gona da takalmi mai ƙyalli suna danna waya. Ba miyagun mutane ba ne. Akasarinsu suna biya a kan kari, abin da tsofaffin ba su cika yi ba. Amma ba su tashi da sanin kala ba, ko kuma sun sani sun manta. Suka yi wa gonaki shinge, suka sa masu gadi, ana kwashe buhun ƙarshe sai su sayar wa makiyaya kiwon wurin, shanu su shiga su tattake komai. Idan mace ta lallaɓa ta shiga da ƙwaryarta, mai gadi ya kore ta kamar akuya. Akwai wadda aka ƙwace wa fartanya, aka kira ta ɓarauniya a gaban jikarta.

Hujjarsu ita ce, matan da ke cirar gyaɗar su ne masu dawowa kala, don haka da gangan suke barin ta a ƙasa. Zan so in ce ƙarya ce tsagwaronta, amma ba haka ba ne. Akwai masu yi. Mace za ta fizgi tushe da ƙarfi yadda rabin 'ya'yan za su gutsure, ta taka wurin da diddige, ta wuce tana 'yar waƙarta. Mun san su, su ma sun san mun sani. Ba su da yawa, amma sun isa su shafa wa kowa.

A gindin wani mangwaro da ke bakin titi, inda a-kori-kura ke kwasar mu da safe, aka kafa ƙungiyar. Mama ce ta fara maganar, ita da wata dattijuwa daga Ƙofar Dumi da kowa ke kira Gwaggo. Mijin Gwaggo maƙeri ne, ya rasu ya bar ta da jikoki marayu, abin da ya fito da ita gona da tsufanta ke nan. Doguwa ce siririya mai son barkwanci, aikinta shi ne ta sa mutane dariya bayan Mama ta gama ɓata musu rai. Gwaggo ta jawo matan cikin gari, Mama ta jawo namu, ana buɗe taro da addu'a iri biyu a rufe da iri biyu. Da aka zo zaɓen shugaba ko hannu ba a ɗaga ba. Gwaggo ta ce ita ba ta iya faɗa da masu mota ba, a ba wannan gajeriyar, tunda Allah da ya tashi rage mata tsawo ya haɗa da tsoro ya rage.

Buƙata ɗaya ce a wannan shekarar, a bar mana kala. Mama ta bi masu gonaki ɗaya bayan ɗaya tun tsakiyar damina. Wasu suka ce za su duba, wasu suka ce ta yi magana da mai gadi, wani ma bai sauke gilashin motarsa ba. Da ruwa ya ɗauke, gyaɗa ta nuna, sai ta ce kowa ta zauna a gida. Gyaɗa ba ta jira. Idan ƙasa ta bushe ta ƙanƙame, kana jan tushe ganye ne kawai zai biyo hannunka. Masu gonaki sun san haka, mu ma mun sani, abin da ba a sani ba shi ne wa zai riga wani gajiya.

Yajin aiki a labari yake da daɗi. Motoci suka zo gindin mangwaro suka yi ta danna hon suka koma wayam, wannan kam ya yi mana daɗi, amma daɗin bai kai yamma ba. A gida mun koma ci sau ɗaya. Autata tana bin ƙafata tana kuka, ni kuma ina zagaya tsakar gida kamar akwai abin da na ajiye na manta. Wasu mata suka yi ta zuwa suna roƙon Mama ta bar su su fita ko da na yini guda ne. Ba ta zage su ba, ba ta kuma bar su ba. Sai ta ɗebi garin masararmu ta ba su, ni ina tsaye ina kallon kwano yana sauka cikin buhu, ina haɗiye magana. Masu gonaki suka ɗauko samari daga wani wuri. Samarin sun iya jan tushe, amma tsinka aikin zama ne da haƙuri, ba su jima ba suka gudu.

Daga nan aka kira mu Gwallameji, gidan wani darakta mai ritaya da sauran masu gonaki suka wakilta. Mama da Gwaggo suka tafi, ni kuma na raka su don ni ce mai jin Turanci, ko da za a juya harshe. Ba a juya ba. Mutumin dattijo ne mai ladabi. Ya sa aka kawo mana ruwan sanyi, ya ce shi ma mahaifiyarsa ta yi kala a ƙauyensu, don haka bai ƙi ba. Amma wa zai ba shi tabbacin ba za a binne masa gyaɗa da diddige ba?

"Ranka ya daɗe," in ji Mama, "wanda ya cire gona, ba zai yi kalan wannan gona ba. Na nan ya je can, na can ya zo nan. In ka binne, wani ka binne wa."

Ta ƙara da cewa ita da kanta za ta bi kowace gona bayan cira ta duba. Daraktan ya gyaɗa kai, sannan ya dube ni ya tambaya ko 'yarta ce. Aka ce masa e. Ya ce to, idan uwa ta binne, 'ya ta zo ta tone fa?

"Duk wanda suke cin tukunya ɗaya, mutum ɗaya ne," ta ce. "Inda hannun ɗaya ya taɓa, ɗaya ba zai shiga ba."

Aka tashi a kan haka. A hanyar dawowa Gwaggo ta yi ta tsokanar mai keke, wai ya bi a hankali ya ɗauko manyan ƙasa. Ni kuwa kaina ya kumbura, ina ta satar kallon Mama ta gefen ido. Babu wadda ta hango komai a cikinmu, har ita.

Akwai wata al'ada ta matan ƙwadago a wajenmu. Ba a fara cirar gona sai babba a cikin ayari ta kama tushen farko ta tuge, ta karkaɗe ƙasar, ta ɗaga kowa ya gani, a yi addu'a. A da kowane ayari da babbarsa. A shekarar nan, saboda murnar nasara, kowane ayari ya ce shi sai shugaba. Mama ta yi ta zirga-zirga a bayan acaɓa, ta buɗe nan ta buɗe can, da yamma ta sake zagayowa ta bi kunyoyi tana tonawa da yatsa tana dubawa. Ga shi ba ta iya tsayawa tana kallon mutane suna aiki ba. Duk inda ta sauka sai ta ɗaure ƙugu da ɗankwali ta sunkuya ta taya su kafin ta wuce. Ta kama mata biyu da aikin diddige, ta sa suka tone a gaban kowa. Aka gama kaka, masu gonaki suka ga duk da jinkirin da aka yi ba su yi asara ba. Suka cika alkawari, suka ce wa makiyaya su dakata, suka ce wa masu gadi su buɗe mana.

Ana gobe za a fara kala muka taru a gindin mangwaro don rabon gonaki. Mama na tsaye tana cewa ayarin da ya cire gonar bakin rafi ya tafi ta bayan dutse, na bayan dutse ya dawo ta bakin rafi, haka dai har ta kusa gamawa. Gonar bakin rafi ta daraktan ce, kuma ita kowa ke so, don ƙasarta mai laka ce, tana riƙe gyaɗa ko ba a taka ba. Ni a bayan dutse na yi aiki, saboda haka ina zaune ina murna a zuci. Ɗaya daga cikin matan nan biyu da aka kama, maƙwabciyarmu ce ma, katanga ɗaya ta raba mu, ta ji an tura ta wata gona mai yashi inda kala ba ta da auki. Ta miƙe ta gyara zani ta ce tana da tambaya, cikin ladabi kamar gaske. Ita shugaba wace gona za ta shiga? Don a iya saninta babu gonar da hannun shugaba bai taɓa ba.

Nan take aka yi wa mai tambayar caa. Gwaggo ta ce tushe ɗaya na neman albarka ai ba cira ba ne. Wasu suka ce dokar ba ta hau kan shugaba ba, wasu suka ce a kori mai tambayar daga ƙungiya. Ni na fi kowa ɗaga murya, na faɗa mata maganganun da ba zan rubuta a nan ba. Mama ta bari sai da aka gaji, sannan ta ce matar ta yi gaskiya. Ba maganar tushe ɗaya ba ce kawai. Ita ce ta duba kunyoyin, kuma idan akwai wadda ta fi kowa damar kau da ido ta bar gyaɗa a ƙasa, to mai dubawa ce. Ta ce ba ta yi wannan tunanin a Gwallameji ba. Da ta yi, da ta bar gona ɗaya ba ta taka ba, amma magana ta riga ta fita a gaban mutane. Bana ba ta da kala.

Matan suka ce to shi ke nan, kowa za ta zuba mata tafi ɗaya daga nata. Wannan ma ta ƙi. Ta ce abin da ake fara faɗa a kan kowane shugaban ƙungiya shi ne yana cin mabiyansa. Idan labari ya kai Gwallameji cewa tana da kaso a kowace ƙwarya, to gara ma a ce ta shiga ta tona da hannunta. Tana gama faɗin haka ta juyo ta dube ni, sai a lokacin na tuna da maganar tukunya.

Muka kamo hanya, Mama na gaba ina baya. Muna shiga gida na sauke abin da ke cikina. Na ce ita ta zaɓi shugabanci, yarana ba su zaɓa ba. Sun sha yunwar yajin aiki tare da kowa, garinsu aka ɗiba aka ba wasu, yanzu kowane gida a Inkil zai ci mai ban da gidan da ya jawo man. Na ce mutuncinta ba ya shiga miya. Tana zaune a kan kifaffen turmi tana cire ƙaya daga tafin ƙafarta, ba ta ko ɗago ba.

"In na bar ki kin shiga," ta ce, "gobe shinge zai rufe. Ba ke kaɗai ne mai yara ba."

"To ni yaya zan yi da nawa, Mama?"

"Ban sani ba."

Ban taɓa jin ta faɗi haka ba a rayuwata, kuma ya fi ƙona mini rai fiye da a ce ta zage ni. Na saba Mama tana da amsar komai, ko da amsar ba ta yi mini daɗi ba. Yau ga ta ta ɗaure kanta ta ɗaure ni da igiya ɗaya, kuma ba ta san inda bakin igiyar yake ba.

Da la'asar na zagaya bayan gida na ɗauko duwatsu uku. Na kafa su a ƙofar ɗakina, kusa da murhunta yadda hayaƙin ɗaya zai iya shiga idon mai ɗayan. Na fito da tukunyar da na dawo da ita daga gidan aure. Na raba garin da ya rage biyu, na raba kuka da daddawa, har gishiri na raba. A wajenmu raba tukunya ba ƙaramin abu ba ne. 'Yan'uwa maza ke yi idan zama ya ƙi, kuma sai unguwa ta daɗe tana magana a kai. Ban taɓa jin 'yar da ta dawo gidan uwarta da marayu ta kafa murhu a gaban uwar ba. Na san abin da za a ce, wai na ga uwa ta fara tsufa na ware. Duk da haka na jera itace. Har yau ban ga laifina ba, in da za a maimaita zan sake ɗauko duwatsun.

Mama tana kallo daga ƙofarta. Ba ta ce in bari ba, ba ta ce na kyauta ba. Da itacena ya ƙi kamawa, sai ta turo babban ɗana da garwashi a kan marfin kwano. A ranar ta tuƙa ɗan tuwonta a tukunyar da aka saba tuƙa na mutum biyar, ya zauna can ƙasa kamar an manta da shi. Autata ta ɗauki kwanonta ta tsaya a tsakiya tana kallon nan tana kallon can, don ta saba kakarta ke zuba mata. Mama ta nuna mata wajena da baki.

Washegari ta tsaya a bakin shingen gonar bakin rafi, mai gadin daraktan na gefe ya harɗe hannu. Kowace mace ta zo sai ta tambaye ta inda ta yi cira da waɗanda suke ci tare, sannan ta bar ta ta wuce. Na shiga layi da ƙwaryata. Mata suka yi ta kallona suna kallon juna. Da layi ya zo kaina ta tambaye ni kamar ba ta taɓa ganina ba.

"Wane gona kika cire?"

"Ta bayan dutse."

"Da wa kike cin tukunya?"

"Ni da yarana."

Aka fara ƙus-ƙus a bayana. Mama ta ce ba za ta zama shaida a kan gidanta ba. Ta tura Gwaggo da maƙwabciyar nan mai tambaya su hau acaɓa su je su gani da idonsu. Sauran suka shiga suka kama tono, muka rage ni da ita a cikin rana, ba mai kallon wata. Da suka dawo Gwaggo ba ta yi barkwanci ba. Ta ce murhu biyu ne, toka biyu, kuma duka da ɗumi. Maƙwabciyar ta gyaɗa kai, idonta a ƙasa.

"Shiga," in ji Mama.

Na shiga. Na yi kalar da ban taɓa yin irinta ba, ina yi ina kuka, kuma kukan bai hana ni cika ƙwarya ba. Ina jin haushinta, ina jin tausayinta, na rasa wanda ya fi. Duk sanda na ɗago sai in hango ta a bakin shinge, hannu a baya, tana kallon mata suna tonon abin da ta yi musu yaƙi a kai.

Na ɗauka abin na shekara ɗaya ne. Da kaka ta zagayo Mama ta so ta raba aikin dubawa da wasu, ta bar wa kanta gona guda. Masu gonaki suka ƙi. Labarin murhu biyu ya riga ya kai musu, kuma ita suka yarda da ita, tunda ita ce ba ta cin kala. Sun faɗa mata a fili cewa ranar da wata ta duba musu gona, ranar za su rufe. Haka ta ci gaba. Ƙungiya ta girma, daga baya aka samu masu gonaki suna kawo ruwan sha, aka daina loda mata a mota ɗaya da buhunan taki, aka sa suna ba masu feshi abin rufe hanci. Ta yi ta yi har gwiwoyinta suka gaza, ana kai ta a acaɓa a zaunar da ita a bakin kunya tana tonawa da sanda. Ba ta sake yin kala ba, murhunmu bai sake haɗuwa ba. Idan ta kwanta ciwo nakan dafa mata, amma a murhunta, da tukunyarta, da kayan miyarta, tana kwance tana leƙe ta ƙofa.

A shekarar farkon nan, bayan an gama kala, na shanya gyaɗata na ɓare na soya na kai inji. Na zuba niƙaƙƙiyar a turmi ina juyawa da taɓarya ina ɗiga ruwan zafi, mai ya ƙi tashi. Ban taɓa iya wannan aikin ba. A da Mama ke yi, ni nawa mulmula ƙuli ne kawai. Na juya har kafaɗuna suka mutu, abu ya cure ya zauna a turmi. Mama na ƙofar ɗakinta tana gyaran yakuwa. Ta kalla ta kau da kai, ta sake kallo, daga ƙarshe ta kasa. Ta taso ta karɓi taɓaryar, ta ce ruwana ya huce, in sake ɗorawa. Ta kama juyi a hankali, ba ta daɗe ba mai ya fara tsattsafowa, ya taru a gefe. Ta ajiye taɓarya ta sa hannu biyu tana matsa, mai yana bin yatsunta yana gangarawa har gwiwar hannu. Gida ya cika da ƙamshi, yara suka kewaye turmi. Sai da ta cika mini kwalabe ta matse tunkuzar tas, sannan ta miƙe tana dafa ƙugu.

Na gutsuri tunkuza mai ɗumi na miƙa mata. Na ce ƙofa a rufe take, babu kowa a gidan nan da zai gani.

"Ni ina nan," ta ce.

Ta ɗebi toka daga murhunta ta je bakin rariya. Ta goge hannuwanta, tsakanin yatsu da ƙarƙashin farce, ta ɗauraye, ta sake gogewa. Sannan ta koma ta ɗora miyar yakuwarta da ruwa da gishiri, ta zauna a ƙofar ɗaki ta ci ita kaɗai.